Waya a Hannu, Kewa a Zuci: Matasan Ƙasar Gobir a Madubin Fim da na Kimiyya

A ranar 20 ga Satumba 2021, gwamnan Jihar Sakkwato na lokacin, Aminu Waziri Tambuwal, ya bayyana cewa an katse sadarwar wayar salula a ƙananan hukumomi 14 daga cikin 23 na jihar. Sabon Birni da Isa suna cikinsu. An ɗauki matakin ne, kamar yadda aka yi a Jihar Zamfara tun farkon watan, domin a raba 'yan bindiga da masu kai musu rahoto. Aka wayi gari wayar da ke aljihun kowa ta koma tocila da agogo da ma'ajiyar tsofaffin hotuna. Ɗalibin da ke karatu a birnin Sakkwato ba shi da hanyar jin muryar mahaifiyarsa da ke ƙauye. Ɗan ci-rani da ke Legas ba ya iya sanin ko saƙon da ya aika gida ya isa. Mutanen da suka hango babura sun tunkaro garinsu ba su da yadda za su nemi ɗauki. Bayan harin da aka kai kasuwar Goronyo a ranar 17 ga Oktoba, wanda ya ci rayuka fiye da 40, gwamnan da kansa ya nemi a sake duba matakin.

A cikin wannan wata na Satumba dai, wata jarida a Amurka mai suna Wall Street Journal ta fara buga wasu takardun cikin gida na kamfanin Facebook, waɗanda suka nuna cewa masu binciken kamfanin sun san dandalin Instagram yana ƙara wa wasu 'yan mata rashin gamsuwa da surar jikinsu. Shekara guda kafin nan, miliyoyin mutane sun kalli wani fim mai suna The Social Dilemma, wanda ya zargi kafofin sada zumunta da raba matasa da juna. Wato a daidai lokacin da iyaye a can suke neman dabarar raba 'ya'yansu da waya, matasan ƙasar Gobir suna hawa tudu da bishiya suna neman sabis. Duka ɓangarorin biyu kuwa abu guda suke gudu, shi ne kaɗaici. To, waya maganinsa ce ko kuwa ita ce sanadinsa?

Mene ne kaɗaici?

Bahaushe yana da kalmomi biyu da suka kamata a rarrabe. Akwai kaɗaita, wato mutum ya kasance shi kaɗai, kamar makiyayi a daji ko mai gadin gona. Akwai kuma kewa, wadda ke kama zuciya ko da mutum yana tsakiyar taro, kamar yadda take kama amarya a satinta na farko a gidan da ya cika da mutane. Masana halayyar ɗan'adam sun yi irin wannan rarrabewa. A wurinsu, kaɗaicin da ke cutarwa shi ne tazarar da ke tsakanin irin hulɗar da mutum yake so da wadda yake samu. Sabili da haka ba a auna shi da ƙirga mutanen da ke kewaye da mutum, sai dai a tambayi shi mutumin. Tun 1978 masana a Jami'ar Kalifoniya da ke Los Anjalis suka tsara jerin tambayoyi 20 domin wannan awo, kuma har yau ana amfani da su bayan gyare-gyare.

John Cacioppo na Jami'ar Shikago, wanda ya shafe shekaru yana nazarin al'amarin, ya kwatanta kaɗaici da yunwa da ƙishirwa. Yunwa ba cuta ba ce, sanarwa ce daga jiki cewa a nemi abinci. Haka kaɗaici yake sanar da mutum cewa ya yi nisa da jama'arsa, domin a zamanin da, wanda ya ware daga ayari shi ne rabon kura. A 2020 wasu masu bincike a cibiyar fasaha ta MIT da ke Amurka suka gwada wannan tunani. Suka sa mutane 40 suka yi awa 10 ba abinci, a wata ranar kuma suka yi awa 10 a ɗaki ba kowa, ba waya. Bayan kowane zama aka duba ƙwaƙwalwarsu da na'urar ɗaukar hoto yayin da ake nuna musu hotuna. Wurin da ya motsa a tsakiyar ƙwaƙwalwa lokacin da mai jin yunwa ya ga abinci, shi ne ya motsa lokacin da wanda aka killace ya ga hoton mutane suna raha.

Yunwar da ta daɗe kuwa takan kayar da mai ita. A 2010 Julianne Holt-Lunstad da abokan aikinta suka tattara sakamakon bincike 148 da suka shafi mutane fiye da 300,000, suka gano cewa masu ƙaƙƙarfar hulɗa da jama'a sun fi marasa ita damar ci gaba da rayuwa da kimanin kashi 50 cikin ɗari a tsawon lokacin da aka bi su. Mai fama da kaɗaici ba ya samun barci mai nauyi, jininsa yakan hau, kuma yakan zama mai saurin zargin mutane, abin da ke ƙara nisanta shi da su. A Yuni 2025 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da rahoton cewa mutum 1 cikin 6 a duniya yana fama da kaɗaici, kuma ana danganta mutuwar mutane kimanin 871,000 a shekara da shi.

Abin da masu fim suka hango

Masu shirya fim sun riga masu kimiyya jin ƙanshin wannan lamari. A 2001, shekarar da wayar GSM ta fara aiki a Nijeriya, wani darakta ɗan ƙasar Japan, Kiyoshi Kurosawa, ya fitar da fim mai suna Kairo. A cikinsa fatalwowi ne ke shigowa duniya ta intanet. Ba sa yanka kowa, ba sa shan jini. Duk wanda ya haɗu da su sai ya daina sha'awar mutane, ya kulle kansa a ɗaki, har ya ɓace ya bar baƙin tabo a bango. Birnin Tokyo ya riƙa raguwa da ɗaya-ɗaya har ya zama kufai.

Fim ɗin The Social Network na David Fincher, wanda ya fito a 2010, labarin kafa Facebook ne a 2004, ko da yake an ƙara masa gishiri irin na masu wasan kwaikwayo. Ya ƙare da jarumin yana zaune shi kaɗai a ɗakin taro, ya aika wa tsohuwar budurwarsa neman abota a dandalin da shi ya ƙirƙira, yana ta sabunta shafin ko za ta amsa. A 2013 Spike Jonze ya zo da Her. Jaruminsa, Theodore, sana'arsa rubuta wa mutane wasiƙun soyayya da na zumunci, irin aikin da masu rubuta wasiƙa suke yi a bakin gidan waya a garuruwan Arewa a da, amma shi kansa ba shi da wanda zai rubuta wa. Sai ya kamu da son wata murya da ke cikin na'urarsa, manhaja ce mai suna Samantha. Ranar da ya tambaye ta ko tana magana da wasu, sai ta gaya masa cewa a wannan lokacin tana hira da mutane 8,316, kuma tana son 641 daga cikinsu. Lokacin da fim ɗin ya fito an ɗauke shi a matsayin tatsuniyar gobe. Tun daga ƙarshen 2022 kuwa manhajojin da ke hira da mutum kamar aboki suka bazu a wayoyi.

Wanda ya fi kusa da ɗan makarantar sakandare shi ne Eighth Grade na Bo Burnham, na 2018. Kayla yarinya ce 'yar shekara 13. A ɗakinta takan ɗauki bidiyon kanta tana ba da shawara a kan yadda mutum zai zama mai ƙarfin hali, ta ɗora a YouTube, inda kusan ba mai kallo. A makaranta kuwa ita aka zaɓa a matsayin wadda ta fi kowa shiru. Mahaifinta yana zaune da ita a kan abinci yana neman ta yi masa magana, ita kuwa kunnuwanta a toshe, idonta a kan waya. Ƙarfin wannan fim shi ne bai mai da wayar shaiɗan ba. Ya nuna yarinya mai jin kunya wadda ta sami wurin ɓuya, wurin ɓuyar kuma ya hana ta koyon fita.

Shi kuwa The Social Dilemma, na Jeff Orlowski, ya tara tsofaffin ma'aikatan manyan kamfanonin ne, irin su Tristan Harris da ya yi aiki a Google, suka yi bayanin yadda ake gina manhaja domin ta riƙe mai ita. Asalin dabarar tsohuwa ce. Tun wajen 1950 B. F. Skinner ya nuna cewa tantabarar da ake ba tsaba a kan kari ba ta naci kamar wadda ba ta san lokacin da tsabar za ta faɗo ba. Ita wannan takan yi ta saran maɓalli ba hutawa. Mai jan allon waya da yatsa domin ya ga ko wani ya yaba hotonsa, a kan wannan ƙa'ida yake aiki: wani lokaci akwai, wani lokaci babu, rashin tabbas ɗin shi ne ƙugiyar. Wannan ɓangare na fim ɗin yana da tushe. Inda ya yi zarra shi ne inda ya nuna kamar an riga an gama tabbatar da cewa waya ce ta haddasa baƙin cikin matasan zamani.

Hujja a kan sikeli

Binciken farko da ya ja hankali a 1998 ya fito. Robert Kraut da abokansa a Jami'ar Carnegie Mellon suka bi mutane 169 a gidaje 73 na birnin Pittsburgh a shekarunsu na farko da intanet, suka ga waɗanda suka fi amfani da ita sun ɗan rage magana da iyalansu, kaɗaicinsu ya ɗan ƙaru. Da suka koma wurin mutanen nan bayan 'yan shekaru, sai suka tarar yawancin illar ta gushe. A 2017 wani bincike a kan matasa 1,787 a Amurka ya nuna cewa masu yin fiye da awa 2 a rana a kafofin sada zumunta sun ninka masu yin ƙasa da minti 30 wajen yiwuwar jin an ware su.

A nan ne ya kamata ɗalibin kimiyya ya tsaya ya yi tambaya. Abu biyu su riƙa zuwa tare ba ya nufin ɗaya ne ya haifi ɗayan. Asibiti cike yake da marasa lafiya, amma ba shi ya sa musu ciwo ba. Yana yiwuwa waya ce ke jawo kaɗaici, yana kuma yiwuwa mai kaɗaici ne ke rungumar waya domin ba shi da abokin hira. Hanyar warware irin wannan ƙulli ita ce gwaji: a raba mutane gida biyu ta hanyar ƙuri'a, a canza wa gida ɗaya abu guda, a bar ɗayan yadda yake. A 2018 aka yi haka da ɗalibai 143 a Jami'ar Pennsylvania. Aka taƙaita wa rukuni ɗaya amfani da Facebook da Instagram da Snapchat zuwa minti 10 kowanne a rana har mako 3, kuma kaɗaicinsu ya ragu idan aka gwada da ɗaya rukunin. A wannan shekarar wasu masana tattalin arziki suka biya mutane kuɗi domin su rufe Facebook na mako 4. Waɗanda suka rufe sun sami rarar kimanin awa guda a rana, sun ƙara zama da iyali da abokai, walwalarsu ta ƙaru, amma kaɗan.

Kalmar "kaɗan" tana da muhimmanci. A 2019 Amy Orben da Andrew Przybylski na Jami'ar Oxford suka bi diddigin bayanan yara matasa fiye da 350,000, suka gano cewa amfani da na'urori bai bayyana fiye da kashi 0.4 cikin ɗari na bambancin walwala da ke tsakanin yaran ba. Samun isasshen barci da karin kumallo sun fi shi tasiri nesa ba kusa ba, haka ma cin zalin da yara ke yi wa junansu. Masana ba su daina jayayya a kan wannan ba. Wasu suna ganin matsakaicin lissafi yana ɓoye 'yan tsirarun da abin ke yi wa mummunar illa, kuma a kan irin wannan damuwa ce ƙasar Ostireliya ta kafa dokar hana 'yan ƙasa da shekara 16 mallakar shafi a manyan kafofin, wadda ta fara aiki a Disamba 2025.

Akwai wani adadi a rahoton Hukumar Lafiya ta Duniya da ya kamata ya tsayar da mai karatu. A ƙasashe masu ƙaramin ƙarfi kimanin kashi 24 cikin ɗari na mutane ne suka ce suna fama da kaɗaici, a ƙasashe masu arziki kuwa kimanin kashi 11. Da waya ce babban sanadi, da lissafin ya juya, domin a can ne wayoyi da intanet suka fi yawa. Talauci da rashin lafiya da ƙaura da rashin tsaro suna raba mutum da mutanensa fiye da yadda allon gilashi zai iya. Rahoton ya kuma nuna cewa matasa, musamman 'yan shekara 13 zuwa 17, sun fi tsofaffi kokawa da kaɗaici, saɓanin abin da aka saba zato.

Daga dandali zuwa tafin hannu

Wanda ya san ƙasar Gobir ya san cewa rabuwa ba baƙuwa ba ce a wurin mutanenta. Alkalawa, a gefen Gulbin Rima, ita ce hedikwatar daular a ƙarni na 18, nan ne Bawa Jan Gwarzo ya yi mulki. Bayan da rundunar jihadi ta ci birnin a 1808 aka kashe Sarki Yunfa, Gobirawa suka watsu. Wasu suka kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, wasu daga baya suka kafa Sabon Birni ba nisa da kufan tsohon birnin. Da Ingila da Faransa suka shata iyaka a farkon ƙarni na 20, sai layin ya ratsa tsakiyar dangi, kawu a Nijar, ɗan 'yar'uwarsa a Nijeriya. Ga kuma ci-rani da ke kwashe samari da zarar an kawar da amfanin gona. Kafin 2001, layukan waya da ke aiki a duk faɗin Nijeriya ba su kai rabin miliyan ba, kuma kusan dukkansu a manyan birane suke. Saƙo sai ta bakin direba, ko wasiƙa, ko kaset da aka naɗi murya, ko filin gaishe-gaishe na gidan rediyo. Ga irin waɗannan mutane, wayar salula ba ta zo ta raba kowa da kowa ba. Ta zo ta tarar da su a rabe.

Abin da ya canza sosai shi ne yadda ake kallo. A zamanin Turawa majigi ne ke zagaya garuruwa, a kafa farin ƙyalle a fili, gari duka ya fito. Bayan fitowar Turmin Danya a Kano a 1990, fim ɗin Hausa na bidiyo ya shiga gidaje, amma gidan da ke da talabijin da janareta yakan cika da yaran unguwa da matan maƙwabta, ana kallo ana sharhi, ana tsine wa mugu baki ɗaya. Yanzu kuwa saurayi yakan je shagon caji a tura masa fim a memori, ko ya sayi data ya bi Izzar So ko Labarina a YouTube, ya sa abin ji a kunne ya kwanta. Fim ɗin bai rage daɗi ba. Abin da ya ɓace shi ne na kusa da za a taɓa a ce "ka gani?"

Sai dai zalunci ne a ɗora wa waya laifin mutuwar dandali a Isa da Sabon Birni. Gaɗar 'yan mata a farin wata, da kokawa bayan kaka, da zance a ƙofar gida, da majalisar samari a gindin mai shayi, duka suna bukatar dare mai aminci. A ranar 27 ga Mayu 2020 an kashe mutane fiye da 70 a wasu ƙauyukan Sabon Birni. A wannan watan Hukumar Kula da 'Yan Gudun Hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce mutane kimanin 23,000 sun tsallaka Nijar daga arewa maso yammacin Nijeriya tun daga Afrilu kawai. A Disamba 2021 aka ƙona matafiya a cikin mota a yankin Sabon Birni. Yaron da aka tashi garinsu ya rasa gida da gona, ya kuma rasa sa'o'insa da suka yi kaciya tare, suka yi makarantar allo tare. Robin Dunbar, masani ɗan Ingila, ya kiyasta cewa mutum yana iya riƙe hulɗa mai ma'ana da mutane kimanin 150, a cikinsu kuma kimanin 5 ne na ƙut-da-ƙut. Ƙauyen Bahaushe yana ba mutum waɗannan 150 tun yana goye. Idan suka watse tsakanin Maraɗi da Sakkwato da Kano, lambobin da ke cikin waya su ne ragowar garin.

Shi ya sa finafinan da suka fi kama da halin Gobir ba daga Amurka suka fito ba. Abderrahmane Sissako, ɗan Muritaniya da ya tashi a Mali, ya yi La Vie sur terre a 1998 a garin Sokolo, inda mahaifinsa yake. Waya ɗaya ce a gidan wayar garin, mutane suna zuwa suna gwada sa'a, wani lokaci ta shiga, galibi ta ƙi. A Timbuktu, fim ɗinsa na 2014, masu bindiga sun mamaye gari sun hana kiɗa da ƙwallo, har samari suka koma buga wasa ba tare da ƙwallon ba. Wani makiyayi mai suna Kidane ya shiga hannunsu bayan rigima da masunci a kan saniya. 'Yarsa Toya tana can cikin rairayi tana ɗaga waya sama tana neman sabis, ko za ta ji daga gare shi. Duk wanda ya zauna a gabashin Sakkwato a ƙarshen 2021 ba ya bukatar a fassara masa wannan hoto.

Ɗaga wayar kuwa ba camfi ba ne. Waya ba ta magana da 'yar'uwarta kai tsaye. Takan aika saƙo ta igiyar rediyo zuwa turken sadarwa mafi kusa, shi kuma ya miƙa. Igiyoyin GSM, masu kaɗawa wajen sau miliyan 900 a daƙiƙa, sun fi son hanya miƙaƙƙiya. Bango da bishiya da tudu suna rage musu ƙarfi, kuma ko a sarari, idan nisa ya ninka biyu ƙarfin yakan koma kashi ɗaya cikin huɗu. A tsarin GSM na asali, iyakar nisan da turke zai yi hulɗa da waya kilomita 35 ne. Wanda ya hau tudu ya kawar da shingen da ke tsakaninsa da turke mai nisa. Igiyar rediyo kuma ba ta san iyakar ƙasa ba. Umarnin Hukumar Sadarwa ta Nijeriya bai shafi turakun da ke cikin Nijar ba, saboda haka mazauna bakin iyaka suka koma layukan Nijar. Rahotannin jaridu na lokacin sun ce 'yan bindigar ma haka suka yi.

Murya da rubutu da bidiyo

Tun da waya tana iya zama igiyar zumunci kuma tana iya zama wurin ɓuya, abin tambaya shi ne me ake yi da ita. Wani gwaji da Leslie Seltzer da abokan aikinta suka yi a Jami'ar Wisconsin ya ba da haske. Suka sa 'yan mata masu shekara 7 zuwa 12 yin jawabi da lissafi a gaban baƙi, abin da ke tayar da hankalin yaro. Bayan nan wasu suka ga iyayensu mata ido da ido, wasu suka yi magana da su ta waya, wasu suka yi musayar saƙon rubutu da su, wasu kuma ba su sami kowa ba. Aka auna sinadarai biyu a jikinsu: kotisol, mai ƙaruwa idan hankali ya tashi, da oksitosin, mai alaƙa da natsuwa da shaƙuwa. Waɗanda suka ji muryar uwa ta waya sun yi kusan daidai da waɗanda suka gan ta. Waɗanda suka sami rubutu kawai kuwa, jikinsu ya yi kamar ba su sami kowa ba. Bahaushe ya ce zumunta a ƙafa take. Idan hanya ta hana ƙafa tafiya, murya ce ta fi kusa da maye gurbinta, kuma abin lura ne cewa a karkara, inda da yawa ba su iya karatun boko ba, kira da saƙon murya na WhatsApp sun fi rubutu karɓuwa.

Wasu binciken sun bambanta mai shiga kafofin domin ya yi magana da wanda ya sani, da mai shiga ya yi ta leƙen rayuwar wasu bai ce komai ba. Na biyun ya fi fita da ƙunci, domin yana gwada zamansa na yau da kullum da zaɓaɓɓun hotunan bikin wasu. Yarinyar da ke zaune a gidan dangi a matsayin 'yar gudun hijira, tana kallon kamu da dina na 'ya'yan masu kuɗin Abuja a TikTok, tana cikin irin wannan awo da ba za ta taɓa cin riba a cikinsa ba.

Akwai kuma nauyin da matasan wannan yanki ke ɗauka wanda Kayla ta cikin fim ba ta san shi ba. 'Yan bindiga sun koyi amfani da kyamarar waya, kamar yadda Sissako ya nuna masu bindigar Timbuktu suna shirya bidiyon farfaganda. A Agusta 2024 bidiyon Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, yana hannun waɗanda suka sace shi yana neman a cece shi, ya zagaya wayoyi, kuma bayan 'yan kwanaki aka sami labarin kisansa. Irin waɗannan hotuna suna da amfani wajen sanar da duniya halin da ake ciki, amma maimaita kallonsu yana da farashi. Bayan harin bam na birnin Boston a 2013, masu bincike sun tambayi mutane fiye da 4,600, suka gano cewa waɗanda suka riƙa bin labarin a kafofin yaɗa labarai awa 6 ko fiye a rana sun nuna alamun firgici fiye da waɗanda abin ya faru a gabansu ko kusa da su. Wanda ya gani da idonsa sau ɗaya ya gani. Mai waya yana iya gani sau hamsin, cikin dare, shi kaɗai.

Gwajin da aji zai iya yi

Malamin da ke son ɗalibansa su taɓa wannan ilimi da hannunsu ba ya bukatar ɗakin gwaji. A 2004 masana suka taƙaita dogon ma'aunin nan zuwa tambayoyi 3: sau nawa mutum yake jin ba shi da abokin zama, sau nawa yake jin an bar shi a baya, sau nawa kuma yake jin ya ware daga mutane. Amsa uku ce ga kowace tambaya: da wuya, maki 1, wani lokaci, maki 2, sau da yawa, maki 3. Jimla takan kama daga 3 zuwa 9. Ɗalibai za su iya amsawa a takarda ba tare da rubuta suna ba, kowa ya ƙara da awannin da yake yi da waya a rana, ko sifili idan ba shi da ita, da adadin mutanen da ya yi hira da su baki da baki jiya, da kuma ko iyalinsa sun taɓa barin garinsu saboda rashin tsaro. Sai a zana sakamakon a allo, a duba wanne daga cikin ukun ya fi tafiya tare da yawan maki, a kuma tuna da misalin asibiti kafin a yanke hukunci. Masu bincike da dama suna ɗaukar maki 6 zuwa sama a matsayin alamar kaɗaici. Idan takardu masu irin wannan maki suka yi yawa a aji, ya kamata malamin ya sanar da shugaban makaranta da mai ba ɗalibai shawara, ba tare da neman gano masu takardun ba.